Tambaya a kan labaran 'yan matan Japan: biyayya ga iyaye ko abin da zuciya ke so?

Ɗaliba daga Yelwa, Bauchi

Assalamu alaikum, malamai da iyaye da 'yan uwa. An ba mu aiki a darasin kwatanta adabin al'ummomi, aka ce kowa ya zaɓi jigo ɗaya ya bi sawunsa a rubuce-rubucen ƙasashe biyu. Ni na zaɓi karon da ake yi tsakanin nauyin da jama'a suka ɗora wa mutum da abin da ransa yake so, domin jigo ne da ya cika littattafanmu na soyayya, tun daga waɗanda iyayenmu mata suka karanta har zuwa waɗanda ake turowa yau ta WhatsApp. Da na juya ɓangaren Japan sai na ci karo da wani reshe na adabinsu da suke kira yuri, wato labaran shaƙuwa da ƙauna tsakanin mace da mace, akasarinsu 'yan makaranta. Matsayin addininmu da dokar ƙasarmu a kan wannan al'amari sananne ne ga kowa, kuma ba shi na zo tambaya ba. Abin da nake nema shi ne in fahimci yadda aka gina labaran.

A littattafanmu, idan uba ya ce ga wanda ya zaɓa, yarinya ta ce ga wanda take so, mai karatu ya san akwai mai taurin kai da za a yi ta fama da shi, ya kuma san cewa a ƙarshe ko dai uban ya sauko ya sa albarka, ko yarinyar ta gane zaɓin iyayenta shi ne alheri. A tsofaffin labaran Japan ɗin kuwa, sau da yawa babu mai tsawa, babu duka, babu barazanar tsinuwa. Ana tafiya lami lafiya har ranar yaye ɗalibai, daga nan ɗaya ta koma gida a aurar da ita, ɗayar ta zuba ido, labari ya ƙare ba tare da ko ɗayarsu ta ja da kowa ba. Shin marubutan goyon bayan biyayya suke yi, ko kuwa kuka suke yi da ita a fakaice? Me ya sa kuma kusan kullum makaranta ce fagen labarin?

Malamin adabi, Tudun Wada, Gombe

Wa alaikumus salam. Wannan karo da kika gani ya girmi labaran 'yan mata da sama da shekara 200. Japanawa suna kiran ɓangarorin biyu giri da ninjo: na farko shi ne bashin da mutum yake ɗauke da shi na iyaye da ubangida da duk wanda ya taɓa yi masa alheri, na biyu kuma abin da zuciya take ji. Wanda ya fi shahara da gina wasa a kansu shi ne Chikamatsu Monzaemon, marubucin wasan 'yartsana. A 1703 ya kawo wa mutanen Osaka labarin wani yaron shago wanda kawunsa, kuma ubangidansa, ya zaɓa masa mata, har an riga an damƙa wa matar ubansa kuɗin auren, alhali shi zuciyarsa tana wajen wata mai zaman kanta. Ƙarshe su biyun suka kashe kansu a wani kurmi. Irin waɗannan wasanni sun yi tashen da ya sa hukuma ta hana su a 1723, saboda masoya sun fara kwaikwayo. Abin da nake so ki riƙe shi ne, yaron bai taɓa musun haƙƙin da kawunsa yake da shi a kansa ba. Biyan ne ya gagare shi. Shi ya sa kika nemi mugu kika rasa, domin a irin wannan gini jarumin da kansa yana cikin masu ba ɗaya ɓangaren gaskiya.

Batun makaranta kuwa doka ce ta haifar da shi. Dokar iyali ta 1898 ta sa kowane mutum a ƙarƙashin maigida guda, wanda sai da yardarsa ake aure, ta kuma ce mace da ba ta kai shekara 25 ba, da namijin da bai kai 30 ba, sai sun sami amincewar iyaye. A shekarar da ta biyo baya, 1899, aka fitar da dokar da ta umarci kowane lardi ya buɗe makarantar sakandare ta 'yan mata, da manufar da aka bayyana ƙarara, wato a samar da mace ta gari kuma uwa mai basira. Ta haka 'ya'yan masu hali suka sami shekara huɗu ko biyar tsakanin ƙuruciya da ɗakin miji, suna zaune da sa'o'insu, wasu a ɗakin kwana nesa da gida. Tun daga 1902 aka fara buga musu mujallu nasu na kansu, masu filin wasiƙun masu karatu. A cikin waɗannan makarantu ne aka sami al'adar da suke yi wa laƙabi da harafin S, inda 'yar babban aji take zaɓar ƙarama su zama yaya da ƙanwa, suna musayar wasiƙu da ƙananan kyaututtuka. Manya da dama sun kau da kai, suna ganin abu ne mai wucewa, bisa sharaɗin ya tsaya a ƙofar makaranta. Da wasu 'yan mata biyu da suka gama makaranta suka kashe kansu tare a gaɓar teku a lardin Niigata a 1911, jaridu sun yi ta ce-ce-ku-ce, kuma abin da ya tayar wa jama'a hankali shi ne shaƙuwar ta ƙi ƙarewa a lokacin da aka ɗibar mata.

Wadda ta ba wannan adabi siffarsa ita ce Yoshiya Nobuko, da jerin gajerun labarai 52 mai suna Hana Monogatari, waɗanda suka fito tsakanin 1916 da 1924, kowanne da sunan wani fure. A ɗaya daga cikinsu, wata matashiyar malama da ta kama aikin koyarwa don guje wa aure ta shaƙu da wata ɗaliba 'yar ajin ƙarshe, har suka ƙulla cewa za su tafi Amurka karatu bayan yaye. Sai uwar yarinyar ta zo wurin malamar. Ba da faɗa ta zo ba, roƙo ta zo yi: an riga an yi wa yarinya miji tuntuni, magana ce ta tsakanin gidaje biyu, kuma babu wanda take jin maganarsa kamar malamarta, saboda haka a taimaka a lallashe ta. Malamar ta karɓi aikin, ta lallashi yarinyar da bakinta, ta shiga jirgin ruwa ita kaɗai. Ki duba yadda aka ɗaure jijiyar: ƙaunar da yarinyar take yi wa malamar ita aka yi amfani da ita wajen mayar da ita ga biyayya.

A ganina marubutan kuka suke yi, amma kukan da ba ya tuhumar kowa. Babban bambancinsu da namu kuwa yana wajen mafita. A littafin soyayya na Hausa, komai tsananin rikici, akwai ƙofa ɗaya da so da biyayya za su iya shiga tare, wato ɗaurin aure da albarkar iyaye, kuma duk labarin neman hanyar zuwa wannan ƙofa ne. Labarin mace da mace a Japan ta wancan zamani ba shi da wannan ƙofa ko kaɗan, saboda haka abin da ya rage wa marubuci shi ne rabuwa, ko mutuwa, ko kuma ya bar abin da ke tsakaninsu ba tare da ya ba shi suna ba har ya rufe littafin. Ranar yaye ita ce ta fi sauƙi, tunda kalandar makaranta ce ta yanke hukuncin, ba a bukatar kowa ya ɗauki laifi.

Hajiya, tsohuwar malamar makarantar kwana, Azare

'Yata, Allah ya ba da sa'ar karatu. Ban san adabin Japan ba kamar yadda Malam ya san shi, amma abin da ya kwatanta na makaranta na gan shi da idona tsawon aikina, kuma ina so in ja hankalinki kada ki ɗauki kowace shaƙuwa tsakanin mata ki sa ta a ma'auni ɗaya. Mu ma muna da uwar ɗaki da 'yar ɗaki a makarantun kwana: babba ta ɗauki ƙarama ta kare ta daga cin zalin manya, ta raba garin kwaki da ƙuli da ita, ƙaramar kuma ta ɗebo mata ruwa ta yi mata wanki. Iyayenmu tun kafin boko suna da ƙawance da ake ƙullawa da goro da kyauta, suna da ƙanwar rana. Babu wanda ya taɓa kallon waɗannan da wata manufa.

Ranar da 'yan ajin ƙarshe suka gama jarrabawa, za ki ga akwatunan ƙarfe a jere a bakin ɗakin kwana, an naɗe katifu an ɗaure da igiya, yara suna bin juna da littafin rubutu kowa na rubuta wa 'yar uwarta addu'a da kwatancen gidansu. Da mota ta tsaya aka kira sunan wata, sai ki ga ƙawarta ta riƙe hannun akwatin tare da ita har bakin ƙofa, suna kukan da ba sa yi ko ranar da aka hore su. Mu malamai mun san waɗanda an riga an sa musu rana, sun san mun sani, ba mai tayar da maganar. Abin da suke wa kuka ya wuce ƙawa. A nan ne kawai ake kiran yarinya da sunanta, ana auna ta da abin da ta iya, daga nan kuma za ta koma 'yar wane, ta zama matar wane. Kayan aro ba ya rufe katara, su ma sun san shekarun nan aro ne. Ina zaton da yawa daga 'yan matan Japan da suka riƙa sayen waɗancan mujallu wannan rashin suke karantawa, ko da marubuciyar tana da wata manufa a ranta.

Inda na saɓa da ke kaɗan shi ne cewar da kika yi namu cike yake da tsawa da jayayya. Littattafan ne suke da hayaniya, domin rikici shi ke sayar da littafi. A zahiri yawancin 'yan matan da na koyar shiru suka yi suka bi, saboda kara da kunya da ganin girman iyaye, daidai da waɗanda Malam ya kwatanta. Game da malamar cikin labarin kuwa, ni a matsayina na wadda ta riƙe 'ya'yan mutane, ba na ganin tana da wani zaɓi. Ɗaliba amana ce a hannun malama, kuma tun ranar da ta fara ƙulla shiri da yarinya ba da sanin iyayenta ba ta saki hanya. Idan za ki kawo labarin a aikinki, ki faɗi wannan ma, kada ki tsaya ga tausayinta kawai. Sannan ki tantance abin da kike karantawa, domin an ce na zamanin nan akwai waɗanda ba su da wannan kamun kai.

Ɗan Jekadafari, Gombe

Allah ya ƙara wa Malam da Hajiya lafiya. Ni makarancin manga ne, wato littattafansu na labari cikin zane, kuma ina ganin bayanin ya tsaya kafin Yaƙin Duniya na Biyu, alhali ƙasar da labaran suka tsiro a cikinta ta sauya. Kundin tsarin mulkin da ya fara aiki a 1947 ya ce a sashe na 24 aure yana tsayawa ne a kan yardar ma'auratan biyu kawai, a shekarar kuma aka soke ikon maigida daga dokar iyali. Auren haɗi, wanda ya kai kusan kashi 70 cikin 100 a shekarun 1930, auren soyayya ya wuce shi a ƙarshen shekarun 1960, zuwa shekarun 2010 kuwa ya faɗo ƙasa da kashi 10. Duk da haka ƙarshen baƙin ciki bai tafi nan da nan ba. Labarin zane da Yamagishi Ryoko ta fitar a 1971, wanda ake lissafawa cikin na farko-farko a wannan fanni, an kai shi wata makarantar kwana a Faransa ne, ya kuma ƙare da mutuwar ɗaya daga cikin 'yan matan. Wato doka ta saki, idon jama'a bai saki ba.

A 1998 jerin littattafan Maria-sama ga Miteru ya farfaɗo da tsohon salon yaya da ƙanwa, a wata makarantar 'yan mata ta Katolika inda babba take rataya wa ƙarama carbinsu a wuya alamar ta ɗauke ta. Abin da ya burge ni a ciki shi ne nauyin ya shigo cikin makarantar kanta: wadda aka ɗauka dole wata rana ita ma ta ɗauki wata, ta riƙe muƙamin da yayarta ta bari, ko tana so ko ba ta so. Babbar cikin jarumai biyu na labarin kuma, 'yar gidan attajirai, an riga an ba da ita ga ɗan uwanta tun suna yara, abin da kowane Bahaushe zai gane da sunan auren zumunci.

Daga 2005, da aka sami mujallar Comic Yuri Hime wadda ta keɓanta da wannan fanni, labaran sun rabu. Akwai na manyan mata ma'aikata, inda ba uba mai ba da umarni, sai uwa da ke bugo waya tana tambayar yaushe za a kawo miji, da dangi da ake haɗuwa da su a hutun sabuwar shekara, da abokan aiki da ake ɓoye wa. Waɗannan har yanzu suna da nauyi. Akwai kuma masu yawa da suka share iyaye da maza da maganar aure gaba ɗaya, suka bar 'yan mata a duniyar da ba wanda yake bin kowa bashi. Ni dai waɗannan ba sa riƙe ni, domin idan babu abin da za a rasa, ban ga dalilin juya shafi ba, kuma ba na jin za su amfani 'yar uwarmu a aikinta.

Ɗaliba daga Yelwa, Bauchi

Na gode ƙwarai, Allah ya saka da alheri. Mama Hajiya, na ji gargaɗinki kuma zan kiyaye. Malam, ita marubuciyar, Yoshiya, da ta yi ta rubuta rabuwa, shin haka ta ɗauki al'amarin a duk rubutunta, ko kuwa mujallar 'yan makaranta ce ta iyakance mata abin da za ta iya faɗa?

Malamin adabi, Tudun Wada, Gombe

Akwai alamar mujallar ta yi tasiri, domin a 1919, tana tsaka da wancan jerin, ta rubuta dogon labari mai suna Yaneura no Nishojo a kan wasu 'yan mata biyu da suka gama sakandare suna zaune a ɗakin saman wani gidan kwanan mata, kuma a ƙarshensa sun yanke shawarar barin gidan tare, ba wadda ta koma a aurar da ita. Mace ɗaya ce ta rubuta ƙarshen biyu a lokaci ɗaya, ga masu karatu daban. Ita kanta ba ta yi aure ba. Ta haɗu da Monma Chiyo, malamar lissafi, a 1923, suka kasance tare har rasuwar Yoshiya a 1973. A 1957 ta shigar da Chiyo cikin rajistar gidanta a matsayin 'yar riƙo, abin da dokar Japan ta yarda da shi tsakanin manya muddin wanda aka riƙa bai girmi mai riƙon ba, kuma hakan ya ba Chiyo sunan gidan da haƙƙin gado. Rajistar iyali, wadda ita ce ginshiƙin tsarin da ya raba jarumanta, ita ta yi amfani da ita. Ko takardar shaidar zaman tare da gundumomin Shibuya da Setagaya na Tokiyo suka fara bai wa masu jinsi ɗaya a 2015 ba ta da ƙarfin aure a dokar ƙasa.

Game da aikinki, ina ba ki shawara kada ki kwatanta masoya da masoya, tunda Hajiya ta nuna miki cewa nan akwai santsi, kuma mai duba aikin zai iya tsayawa a nan ya manta da sauran. Ki kwatanta iyaye mata. Ki ɗauki uwar da ta zo roƙon malama ki ajiye ta kusa da uwa a littattafanmu na auren dole, wadda sau da yawa ita ake aikowa ɗakin yarinya da dare bayan uba ya gama magana a zaure. Ki duba me kowaccensu take tsoro, wa take jin kunya, da wace hujja take lallashi, sannan ki duba ko marubucin ya ba ta damar faɗin yadda aka yi nata auren. Labari biyu daga kowane ɓangare sun ishe ki, kuma ki tabbata kin rubuta shekarar da kowanne ya fito, domin abin da uba yake da ikon yi a Japan ta 1920 ba shi ne na 1970 ba.